Ɗalhatu Mai Rediyo da Gem ɗin Gidan Kamilu

Har yau Mai Rediyo ake ce masa a Dutsin-Ma, ko da yake rabon da wani ya kawo masa rediyo gyara an fi shekara shida. Shagonsa yana kan hanyar shiga Kasuwar Laraba, tsakanin wani mai faci da mai sayar da takin zamani. Ɗan ƙaramin shago ne, benci ɗaya, tebur ɗaya, sai matattun na'urori jibge a kan kanta har sun kusa taɓo rufi. Shi kansa Ɗalhatu siriri ne dogo, gemunsa ya yi furfura, tabaransa kuma an ɗaure masa hannu ɗaya da wayar wuta. Kowa a garin ya san ya iya aiki, kowa kuma ya san yana da faɗa.

A Wurma aka haife shi, cikin ƙasar Kurfi, gidan manoma. Yana ɗan shekara goma sha uku rediyon mahaifinsa ya daina magana. Ya faki ido ya buɗe bayansa, ya tarar batir ya zubo da ruwa ya ci ƙarfen, ya sa wuƙa ya kankare tsatsar, rediyo ya tashi. Mahaifinsa ya zane shi saboda ya taɓa abin da ba a sa shi ba. Bayan mako guda kuma ya kama hannunsa ya kai shi Kurfi wurin wani tsohon mai gyara, Malam Sodangi, ya ce a koya masa.

Shekara bakwai ya yi a gaban Sodangi. Abin da ya fi shan ranƙwashi a kansa shi ne gaggawar ɗaukar sukudireba. Sodangi ba ya yarda a kwance komai sai an zaunar da mai abin an tambaye shi yaushe abin yake yi, kuma me yake yi a lokacin da ya yi. Da wannan Ɗalhatu ya taho Dutsin-Ma ya buɗe nasa shagon, ya auri Rukayya, ya yi iyali.

Sau uku sana'arsa tana mutuwa a hannunsa. Ya ƙware a rediyo mai kaset, mutane suka koma bidiyo. Ya koyi bidiyo, aka koma faifan sidi. Bai gama sanin wannan ba waya ta zo ta haɗiye su gaba ɗaya. Abokan sana'arsa wasu sun koma gona, wasu sun kama acaɓa. Shi ya ƙi. Kowane lokaci sai ya sayi matacciyar na'ura ya farke ta ya zauna a kanta har ya gane kanta, yana yi yana tsaki, yana tsine wa masu ƙera abin da ba ya shekara biyar.

Da ɗaliban jami'a suka cika garin, sai aka fara kawo masa wata irin matsala da bai taɓa ji ba. Waya lafiyarta lau, laftof lafiyarsa lau, amma ana tsakiyar buga gem, wasan nan na waya da kwamfuta, sai ya daskare, ko ya fita da kansa, ko na'urar ta ɗauke gaba ɗaya. Ɗalhatu bai taɓa buga gem ba, yana ma ganin ɓata lokaci ne, amma ya tsani a kawo masa abu ya ce bai sani ba. Ya riƙa kallon bidiyon masu gyara na ƙasashen da ba ya jin harshensu, yana bin hannunsu da ido. A hankali ya gane yawancin abin bai wuce 'yan dalilai ba. Waya ta cika da bidiyon biki har ba ta da wurin numfashi. Gem yana son a sabunta shi, mai shi yana jin tsoron data. Fankar laftof ta toshe da auduga saboda a kan katifa ake ɗora shi. Na'urar gem kuwa ya sha buɗe ta ya tarar kyankyasai sun yi gida a inda ya fi ɗumi.

Gyaran yana zuwa da faɗa. Wani ɗalibi ya taɓa gaya masa cewa idan wayarsa ta yi zafi cikin firiji yake sa ta ta huce. Ɗalhatu ya cire tabarau ya dube shi ya ce, "Kai da kake jami'a? To mi ya rage wa wanda bai je ba?" Amma ya gyara masa, bai kuma bar shi ya tafi ba sai da ya maimaita abin da ya gaya masa sau biyu.

Abin da ya fi ƙona masa rai a duk shekarunsa na sana'a ya faru ne a bazarar bara. Akwai wani matashi, Kamilu, mai gidan gem a Hayin Gada, da ya shirya gasar ƙwallon gem tsakanin samarin Dutsin-Ma da na Kurfi, har da kofi. Ana saura kwana biyar a fara ya kawo babbar na'urarsa shagon Ɗalhatu a duba ta. Ɗalhatu ya buɗe ta, ya share fanka, ya canza farin man da ke hana ƙwaƙwalwarta zafi, ya kunna ta ya bar ta tana aiki tun hantsi har bayan la'asar, ko tari ba ta yi ba. Kamilu ya zo ya ɗauki abarsa.

Gasa ta yi ta tafiya har aka zo wasan ƙarshe, tsakanin Jamaluddeen na Dutsin-Ma da wani tela daga Kurfi mai suna Yazid. Yazid ɗin nan ɗan ƙanwar Ɗalhatu ne, wadda suke uwa ɗaya uba ɗaya. Ranar Juma'a bayan la'asar aka fara, ɗaki ya cika maƙil. Jamaluddeen yana gaba da ci ɗaya, an dawo daga hutun rabin lokaci ke nan, sai na'ura ta ɗauke, talabijin ya yi baƙi. Aka ɗaga wasa zuwa Asabar. Ranar Asabar Jamaluddeen yana da biyu Yazid yana da ɗaya, an dawo hutun rabin lokaci, ta sake ɗaukewa.

Ɗalhatu bai san an yi ba. Ranar Lahadi da safe wani ɗalibi ya zo ya ce a ba shi laftof ɗin da ya kawo shekaranjiya.

"Ban gama ba," in ji Ɗalhatu.

"Ba komai, Baba, a ba ni haka nan."

"Mi ya faru?"

Ɗalibin ya yi ta kame-kame, ya ɗauki laftof ɗinsa a kwance, ƙusoshin a leda, ya fice. Mai facin da ke maƙwabtaka da shi ne ya leƙo ya ce, "Malam Ɗalhatu, wai ba ka ji ba?" Ya miƙo masa waya ya kunna masa wani saƙon murya da ke yawo a gari. Muryar Kamilu ce. Yana cewa shi dai na'urarsa shekara biyu ba ta taɓa ba shi matsala ba sai da ya kai ta wurin Mai Rediyo, kuma kowa ya san Yazid ɗan wane ne, kuma kowa ya ga lokacin da take ɗaukewa, shi bai ce komai ba, mai hankali ya yi lissafi.

Ɗalhatu ya ce a sake kunna masa. Aka sake. Shekara arba'in da biyar yana buɗe kayan mutane. An bar masa wayoyi da hotunan matan mutane a ciki bai taɓa leƙawa ba. An manta da abubuwa cikin jakar laftof ya bi mutum har gida ya mayar. Yau yaron da aka raɗa wa suna a gabansa shi zai ce ya saka wani abu a cikin na'ura don ɗan ƙanwarsa ya ci kofin roba.

Ya rufe shago da rana tsaka, abin da ba ya yi sai in mutuwa aka yi, ya ɗaure jakar kayan aiki a bayan babur ya nufi Hayin Gada.

Bai taɓa shiga gidan gem ɗin ba sai ranar. Ɗaki ne mai rufin kwano, babu silin, benci shida, ƙaton talabijin a bango, firizar lemo da ruwan leda a lungu, janareta tana ruri a waje. Samari sun kai ashirin a ciki.

Kamilu ya taso yana murmushin dole. "Baba Ɗalhatu, sannu da zuwa."

"Riƙe sannunka. Muryar wa na ji a waya?"

"Baba, ai ni ban kama suna da laifi ba. Cewa na yi..."

"Na ji abin da ka ce, sau biyu na ji. Ina na'urar?"

Kamilu ya nuna masa. Ashe tun da aka taɓa yi masa sata ya sa mai walda ya ƙera masa akwatin ƙarfe a jikin bango, ya kulle na'urar a ciki da kwaɗo, 'yan huji uku kawai aka bari na wayoyi. Bangon kuma na yamma ne, wanda rana ke duka tun azahar. Ɗalhatu ya ɗora hannu a kan ƙarfen ya janye da sauri.

"Kai ko ɗan akuya ka sa a nan ai ya mutu," ya ce da ƙarfi yadda kowa zai ji. "Ka dafa abu da hannunka, ka zo ka ce ni na sa mashi hannu? Buɗe!"

Aka buɗe, aka fito da na'urar aka ɗora a kan tebur inda iska ke ratsawa. Ɗalhatu ya ce mutum biyu su zauna su buga. Ya harɗe hannu ya tsaya a bayansu, yana da tabbacin ya gama da maganar. Suka buga rabin farko lafiya. Aka yi hutu, 'yan kallo suka ɗan watse suka dawo. Ba a yi minti biyu da komawa ba talabijin ya yi baƙi.

Ɗakin ya ɗauki ihu. Wani daga baya ya ce, "To, Baba, ka manta ba ka cire abin ba!" Aka kwashe da dariya. Kamilu ya buɗe hannuwa yana kallon jama'a, wannan kuwa ya fi dariyar ciwo. Ɗalhatu ya tsaya nan ya sake gwada abin da ya sani. Ya canza wayar talabijin, ya canza wayar wuta, ya goge gem ɗin ya sake ɗora shi, ya duba ma'ajiyarsa ko ta lalace. Bai ga komai ba. Ya tattara kayansa ya fita, ana yi masa tafi na shaƙiyanci.

Da ya isa gida Rukayya ta ajiye masa tuwo, ko murfin bai ɗaga ba.

"Malam, ka bar su mana," ta ce. "Wanda ya san ka ya san ka. Yara ne."

"Yara ne suka ɗauke mani aiki daga kan tebur yau da safe. Gobe uban wani zai ɗauke nashi. Ke kina ganin suna abin wasa ne? Ni ba ni da gona mai kirki, ba ni da takarda. Sunan nan kaɗai gare ni."

Suna cikin haka aka yi sallama, Yazid ne ya taho daga Kurfi. Ya durƙusa ya gaishe shi, sannan ya ce, "Kawu, na yanke shawara zan janye. A ba Jamalu kofin, maganar ta mutu."

Ɗalhatu ya miƙe tsaye. "In ka janye, mi ka gaya wa gari? Ka gaya masu gaskiya ne, an kama mu, mun ji kunya! Wallahi in ka janye kada ka ƙara taka mani gida. Za ka zauna ka buga, in cin ka zai yi ya ci ka a gaban kowa, na'ura tana kunne har a tashi."

"To Kawu, in ta sake ɗaukewa fa?"

"Wannan nawa ne, ba naka ba."

Abin da ya tsaya masa a rai shi ne ya san kuskurensa. Fushi ya sa ya ga akwatin ƙarfe ya yi tsalle ya kama, bai tambayi kowa komai ba. Da Sodangi yana raye da ya sha ranƙwashi da furfurarsa. A shagonsa na'urar ta yi yini tana aiki. A ɗakin Kamilu ba ta wuce rabin wasa. Ke nan ba cikinta ya kamata ya duba ba, ɗakin ya kamata ya duba.

Ranar Litinin bayan la'asar ya koma. Bai yi wa kowa magana ba, bai kuma taɓa na'urar ba. Ya jawo kujera ya zauna a jikin bango, ya soka mitarsa ta auna wuta a soket ɗin da na'urar take, ya ajiye ta a kan gwiwa. Ya ce a buga kamar yadda aka saba. Labari ya riga ya bazu cewa Mai Rediyo ya dawo, don haka ɗakin ya fi jiya cika, kowa yana son ganin yadda tsoho zai sake jin kunya.

Allurar mita ta tsaya cak duk tsawon rabin farko. Da aka tafi hutu, ya ga abin da bai kula da shi ba jiya. Zafi ya ishi kowa, sai aka yi caa a kan firiza. Wannan ya buɗe ya ɗauki ruwa, wancan ya buɗe ya tona yana neman lemo mai ƙanƙara, murfin ya fi minti biyu a sama. Aka rufe, aka koma wasa. Can sai firizar ta yi wani gurnani, injinta ya tashi. A daidai lokacin ƙarar janareta ta canza kamar an shaƙe ta, ƙwan fitila ya dushe, allurar mita ta faɗi ƙasa warwas, talabijin ya yi baƙi.

Ihun bai gama tashi ba Ɗalhatu ya daka tsawa. "Kowa ya tsaya inda yake!"

Ya bi wayar firizar da hannu. Ita da na'urar gem da talabijin da fankoki biyu duk a kan soket ɗaya suke, mai baki shida, wanda gefensa har ya narke ya yi baƙi. Ya ɗago shi sama ya nuna wa jama'a.

"Kamilu, yaushe ka sayi firizar ga?"

Kamilu ya dubi firizar. "Ranar Alhamis aka kawo ta."

"Wace Alhamis?"

"Wadda ta wuce. Saboda wasan ƙarshe, na ga za a cika."

"Ana gobe wasan ƙarshe ke nan. Kafin nan gem ya taɓa ɗaukewa?"

Jamaluddeen ne ya amsa daga kan benci, ya ce duk wasannin baya lafiya aka yi su.

Ɗalhatu bai tsaya nan ba, don ya san mutanen da yake magana da su. Ya sa aka kunna gem, ya cire firizar ya bar ta 'yan mintuna, ya ce kowa ya zuba wa fitila ido, ya mayar da ita. Ta yi gurnani, fitila ta dushe, gem ya ɗauke. Ya sake, ya sake ɗaukewa. Sau uku ya yi. A na ukun ya kira wanda ya yi masa ba'a jiya ya ce shi ya soka da hannunsa. Sannan ya cire ta gaba ɗaya ya jefar da wayar a ƙasa, ya ce a buga. Aka buga wasa huɗu a jere har aka kira magariba, ko ƙiftawa talabijin bai yi ba.

"Janaretarka ƙarama ce," ya ce wa Kamilu. "Duk sadda injin firiza zai tashi sai ya fizge wutar, na'ura kau ba ta jure haka, sai ta kashe kanta don kada ta ƙone. Ka ja wa firiza layinta daban, ko ka nemi babban inji, ka sa wa gem sitabilaiza mai daidaita wuta. Ka yar da soket ɗin ga kafin ya ƙona ka da 'ya'yan mutane. Akwatin ƙarfen ma ban janye ba, ka huda shi ko ka cire. Wannan gyara ke nan. Saura magana."

"Baba, a yi haƙuri, wallahi ban sani ba."

"Rashin sani ba laifi ba ne, ni ma jiya ban sani ba. Amma da ban sani ba, sunan wa na kama? Kai da ba ka sani ba sai ka ɗauki waya ka raba ni ga gari. Yadda ka ɗauke ta ranar nan, haka za ka ɗauke ta yanzu, ka faɗi sunana, ka faɗi firizarka."

Kamilu ya ce zai yi. Ya kuwa yi, bayan kwana biyu, amma abin da ya faɗa shi ne an gano 'yar matsalar wuta ce, an shawo kanta, ana gayyatar kowa wasan ƙarshe ranar Juma'a. Babu sunan Ɗalhatu a ciki, babu firiza, babu ban haƙuri. Saƙon farko ya kai har Kurfi da Safana. Na biyun ko mai faci sai da ya nema kafin ya samu.

Ranar Juma'a aka buga wasan, firiza a kashe. Jamaluddeen ya ci Yazid uku da nema. Ɗalhatu bai je ba. Da yamma ƙanwarsa ta bugo masa waya daga Wurma tana ƙorafi, wai an ce mata shi ya tsaya kai da fata sai da aka ci ɗanta. Ya ce mata ɗanta bai iya ba ne, gara ya koma kan keken ɗinkinsa, sannan ya kashe wayar. A cikin gari kuma har yanzu akwai masu cewa tsohon wayo ne da shi, da ya ga asiri zai tonu sai ya cire abin da ya saka ya laƙa wa firiza. Duk sanda maganar ta dawo kunnensa sai ya yini ba ya amsa gaisuwa da kyau.

Aiki dai ya dawo a hankali, don babu wani a garin da ke yin abin da yake yi. Ɗalibin nan ma ya dawo da laftof ɗinsa, ƙusoshin suna nan a leda, biyu sun ɓace. Ɗalhatu ya bar shi a tsaye ya fi rabin awa kafin ya ce ya ajiye.

Bayan wata biyu Kamilu ya zo da kansa, da hannun gem, abin da ake riƙewa a buga, guda biyu da suka daina juyawa. Ya yi sallama ya gaisa kamar babu abin da ya taɓa faruwa, ya ɗora su a kan tebur. Ɗalhatu ya ci gaba da abin da yake yi, bai ɗago ba.

"Baba, hannuwa ne suka ɗan samu matsala."

"Kwashe."

"Baba, ai maganar nan ta wuce."

"A wurinka ta wuce. Kwashe mani su daga kan tebur."

Mai faci ya sa baki, mai taki ma ya tsallako ya ce a dubi Allah, yaro ne, kuma ya zo har shago. Ɗalhatu ya ce ya yafe masa tsakaninsa da Allah, in sun haɗu a masallaci za su gaisa, in an yi masa rasuwa zai je, amma hannunsa ba zai ƙara taɓa kayansa ba. Tun daga ranar, duk abin da ya lalace a gidan gem ɗin Hayin Gada sai Kamilu ya sa shi a jaka ya hau mota ya kai Katsina.